Madaci ba ɗan Senegal ba ne

A wajen wani taron dashen itatuwa da aka yi a garinmu farkon daminar nan, an miƙa wa wani matashi da ya karanta aikin gona lasifika don ya yi wa jama'a bayanin dashen da aka kawo. Yaron ya san aikinsa. Ya faɗi tazarar da za a bari tsakanin rami da rami, ya faɗi yadda za a yi wa dashe shinge saboda awaki. Da ya zo kan madaci sai ya ce sunansa na kimiyya Khaya senegalensis, wai ma'anarsa daga ƙasar Senegal Turawa suka kawo mana shi. Dattawan da ke kan tabarma suka dubi juna. Wani tsoho ya tambaye shi ko madacin da kakansa ya riƙa sassaƙowa don ciwon ciki shi ma a jirgi ya zo. Aka yi dariya, aka ci gaba da rabon dashe.

Bayan 'yan kwanaki na sake cin karo da maganar, amma ta ɗaya gefen. Wani ya jero sunayen kimiyya na itatuwanmu a Facebook: madaci senegalensis, sabara senegalensis, gwandar daji senegalensis, tsamiya indica, aduwa aegyptiaca, tsada americana. Ya ce wannan fashi ne da rana tsaka, Turawa sun ɗauki dajinmu sun raba wa wasu ƙasashe a takarda, don haka jami'o'inmu su tashi tsaye a sauya sunayen. Jama'a suka yi ta sa masa albarka.

Matashin nan da mai rubutun kuskure ɗaya suka yi, ko da yake ɗaya ya miƙa wuya ne, ɗaya kuma ya fusata. Dukansu sun ɗauka sunan wurin da ke maƙale a jikin sunan kimiyya takardar shaidar ɗan ƙasa ce. Ba ita ba ce. Ra'ayina shi ne a bar sunayen nan yadda suke, amma a daina haddace wa ɗalibai su ba tare da bayani ba. Fushin kuma, in har za a yi shi, a kai shi inda zai yi amfani: ƙarancin mutanenmu da ke shiga daji su tattaro, su rubuta, su raɗa suna da kansu.

Abin da kalmar ke faɗa, da abin da ba ta faɗa ba

Tun 1753, lokacin da masanin nan na Suwidin, Carl Linnaeus, ya fitar da littafinsa na tsirrai, kowane tsiro yana da suna mai kalma biyu da Latinanci. Ta farko sunan dangi ce, ta biyu laƙabin da ya bambanta shi da 'yan uwansa. Dabbobi suka bi sahu daga 1758. Laƙabin yana iya zama launi, ko siffa, ko sunan mutum, ko sunan wuri. In wuri ne, sau da yawa sai a liƙa masa "ensis" a ƙarshe, aikin da "ba" ke yi mana a Bakano da Bakatsine, ko wanda nisba ke yi a Larabci. Yana kuma sauya kama gwargwadon sunan dangin, shi ya sa za ka ga senegalensis a nan, senegalense a can, senegalus a gaba.

Abin da kalmar ke tabbatarwa ɗan kaɗan ne. Mai raɗa sunan yana da samfuri a gabansa, busasshen reshe da aka danne a takarda ko fatar tsuntsu, an kuma ce masa daga wuri kaza aka kawo. Iyakarta ke nan. Ba ta ce can kaɗai abin yake ba, ba ta ce can ya samo asali ba, ba ta ma ce can ya fi yawa ba.

To me ya sa Senegal ta cika dajinmu haka? Amsar tana bakin teku. Faransawa sun kafa sansanin ciniki a Saint-Louis, a bakin kogin Senegal, tun 1659. A 1749 wani saurayi mai suna Michel Adanson ya sauka a can yana ma'aikacin kamfanin cinikinsu, ya yi kusan shekara biyar yana tattara ganye, 'ya'yan itace, tsuntsaye da kifi. Shi ne ma aka sa wa kuka sunansa, Adansonia digitata. Abin da shi da waɗanda suka biyo bayansa suka kai Faransa, shi malaman Turai suka yi ta buɗewa suna raɗa wa suna shekara da shekaru. Tsuntsayen yankin sun shiga littafin wani Bafaranshe mai suna Brisson a 1760, Linnaeus ya ɗauko su daga can a 1766. Ta haka ragon maza ya zama Centropus senegalensis. Ta haka ƙaramar kurciyar nan da ke tsintar tsaba a tsakar gida ita ma ta samu wannan laƙabi, alhali tana nan birjik daga Afirka ta Kudu har ƙasar Larabawa da Indiya.

Yanzu a duba kwanan wata. An raɗa wa sabara Guiera senegalensis a Jamus a 1791. Madaci ya samu laƙabinsa cikin shekarun nan na 1790, gwandar daji a 1806. Shi kuwa Clapperton, Baturen Birtaniya mai yawon bincike, sai a watan Janairu na 1824 ya shiga Kano. Wato an gama yanka wa itatuwan nan ragon suna tun kafin wani mai tattara ganye daga Turai ya taka ƙasar Hausa. Dajin da muke ciki kuwa ɗamara ɗaya ce da ta tashi daga Tekun Atlantika ta miƙe har Bahar Maliya, da itatuwa kusan iri ɗaya. Wanda ya shigo ta ƙofar yamma, sai ya sa wa duk gidan sunan ƙofar. Har sunayen dangin ma daga can suke: Khaya da Guiera daga bakin Wolof aka ɗauko su. Da a Daura jiragen ruwa ke tsayawa, da yau yaran Dakar ne ke tambayar malaminsu dalilin da ya sa itacen ƙofar gidansu yake ɗauke da sunan wani gari da ba su taɓa ji ba.

Akwai abin da ya taimaka wa matashin nan wajen ruɗewa, kuma ya kamata a yi masa adalci. Turawan mulkin mallaka sun dasa madaci a jere a bakin tituna da unguwannin ma'aikata a garuruwa da dama. Wanda ya tashi yana ganinsa a layi kamar sojoji, sannan ya ji senegalensis a aji, ba abin mamaki ba ne ya haɗa biyun. Amma dasa abu a layi daban, kawo shi ƙasa daban. Madaci na daji ne daga Senegal har Sudan da arewacin Yuganda. A ƙasar Haɗeja akwai gari sukutum mai suna Madaci.

Wani lokaci gaskiya, wani lokaci shaci-faɗi

Da a ce kullum ƙarya sunayen nan ke yi, da aiki ya yi sauƙi, sai a ce wa ɗalibi ya juya duk abin da ya gani. Matsalar ita ce wani lokaci suna faɗin gaskiya. Darbejiya, wadda wasu ke kira dogon yaro ko maina, Azadirachta indica ce, kuma da gaske daga yankin Indiya ta zo mana a zamanin Turawa. Mangwaro ma indica ne, kuma daidai ne. Amma tsamiya ita ma indica ce, alhali akasarin masana a kan cewa 'yar Afirka ce. Ta daɗe a Indiya, Larabawa suka san ta ta can suka ce mata tamar hindi, dabinon Indiya, Turawa suka ara daga bakinsu, Linnaeus ya buga hatimi.

Attarugu fa? Capsicum chinense, wato na Sin. Wani masani mai suna Jacquin ne ya raɗa shi a 1776 bisa zaton daga can yake. Dangin barkono gaba ɗaya daga nahiyar Amurka suka fito. Magarya ana ce mata mauritiana, sunan wani tsibiri a Tekun Indiya, ga kuma garin Magarya a jihar Damagaram. Tsada americana ce don a can aka fara rubuta ta, tana kuwa fitowa da kanta a duk ƙasashe masu zafi. Goruba thebaica ce, saboda tsohon birnin Fir'aunoni da ke wajen Luksor ta yau. Tarwaɗar da ake kiwo a kududdufan siminti a Kano da Ibadan gariepinus ce, daga Gariep, tsohon sunan wani kogi a Afirka ta Kudu.

Sannan su kansu sunayen wuraren sun yi ƙaura. Gauta aethiopicum ce, kimba aethiopica, giginya aethiopum. Mai karatu na yau zai ce Habasha. Amma a bakin Girkawa da Rumawa, da malaman Turai da suka gaje su, kalmar tana nufin ƙasar baƙar fata gaba ɗaya, duk abin da ke kudu da Masar. Akwai furannin da Linnaeus ya sa wa wannan laƙabi waɗanda a can ƙuryar kudancin Afirka suke.

Ko laƙabin da ya fi kusa da mu bai tsira ba. Nigeriensis na wa ne? A 1930 an sa shi a jikin ƙasusuwan wata dabbar ruwa ta zamanin da, da aka haƙo a lardin Sakkwato, wadda daga baya a 1972 aka ba ta sunan dangi daga Goronyo, ta zama Goronyosaurus nigeriensis. Wannan na Najeriya ne. A 1976 kuma wani masani mai suna Philippe Taquet ya sa wa wata ƙatuwar dabba da aka tono a Gadufawa, cikin hamadar jihar Agadas, Ouranosaurus nigeriensis. Wannan na Nijar ne. Kalma ɗaya, ƙasa biyu. Kuma niger tsurarta a Latinanci baƙi take nufi, ba ruwanta da kogin Kwara. Wanda zai karanta sunayen nan kamar fasfo, a nan zai rasa ofishin da zai kai ƙara.

"To in kuskure ne, a gyara mana"

Wannan ita ce hujjar da ta fi kwanta wa mutane a rai, kuma ba ta wauta ba ce. Kimiyya ai gyara kuskure ne aikinta. Me zai sa a san attarugu ba na Sin ba ne a ci gaba da kiran sa haka shekara kusan ɗari biyu da hamsin?

Saboda sunan kimiyya ba bayani ba ne, alama ce ta nemo abu. Kundin ƙa'idojin raɗa wa tsirrai suna ya faɗa ƙarara a sashe na 51 cewa ba a jefar da halastaccen suna don kawai bai dace ba ko bai yi wa wani daɗi ba. Na dabbobi ma yana da irin wannan a sashe na 18. Wanda aka fara wallafawa bisa ƙa'ida, shi ke zama.

Ka ɗauki ɗalibar haɗa magunguna a Zariya da ke bincike a kan sabara, ganyen nan da ake dafa wa mai jego. Bafulatani geloki yake ce mata, Bawolofe nger, mutumin Kurdufan gubaish. Abin da zai haɗa ɗalibar nan da binciken da aka yi a Bamako da Hartum da Wagadugu kalma biyu ne, Guiera senegalensis. Ranar da muka ce mun sauya, ta yanke kanta daga duk wannan. Kuma a sauya zuwa me? In Najeriya ta ce nigeriensis, Nijar za ta ce ai ko sunan ma nata ne, Mali da Cadi da Sudan kowa na da sabara a bayan gari. Za mu maye gurbin kuskuren da ya tsufa ya daina cizo da sabon rikicin da ba shi da ranar ƙarewa.

Malaman hadisi sun gamu da irin wannan matsala tun da daɗewa, har suka ware mata babi: nisbar da ba ta nufin abin da kunne ya fara ji. Sahabi Abu Mas'ud ana ce masa al-Badri, kuma da yawa daga malamai sun ce zama ya yi a Badar, ba yaƙin ya halarta ba. Sulaiman at-Taimi ba ɗan ƙabilar Taim ba ne, a cikinsu ya sauka. Khalid al-Hazza ba baduku ba ne, zama yake yi a wajen masu ɗinkin takalma. Ba wanda ya ce a bi littattafai a goge laƙuban nan, domin da an yi haka da isnadi ya rikice. Abin da suka yi shi ne koyar da ɗalibi cewa nisba tana iya ruɗi, ga kuma labarin kowace. Abin da nake nema daga malaman kimiyyarmu ke nan, ba ƙari.

Wanda yake son ganin tsadar sauya suna ya dubi abin da ya faru da dangin ƙaya. Bagaruwa, farar ƙaya, dakwara, duk Acacia muka haddace su. A babban taron masana tsirrai na duniya a Biyana a 2005 aka amince sunan Acacia ya koma kan itatuwan Ostireliya, aka sake tabbatarwa a Melbourne a 2011 bayan doguwar jayayya. Na Afirka suka watse zuwa Vachellia da Senegalia. An fi shekara goma, har yau takardun ma'aikatun gandun daji da tambayoyin jarrabawa da allunan gonakin gwaji suna cakuɗa tsoho da sabo. Wannan kuwa sauyi ne da ya taso daga binciken dangantakar itatuwan. Ina ga a ce kowace ƙasa ta tashi da nata don kishi?

"Ai an sauya wasu"

Gaskiya ne. A watan Yulin 2024, a taron Madrid, masana tsirrai sun kaɗa ƙuri'a aka cire laƙabin caffra da 'yan uwansa daga sunaye sama da 200, aka mayar da su afra. Kalmar daga "kafiri" ta Larabci ta samo asali, amma a Afirka ta Kudu ta zama mummunan zagin da farar fata ke yi wa baƙi, wanda har kotu ake zuwa a kansa. Na goyi bayan wannan gyara ba tare da wata-wata ba.

Amma zagi daban, kuskuren adireshi daban. Ba wanda aka ci wa mutunci don an ce madaci senegalensis ne. Kuma a lura da yadda aka yi gyaran: harafi biyu aka cire, don wanda ya san tsohon sunan ya gane sabon nan take. Masu neman gyaran ma sun san sauya suna ba wasa ba ne.

Inda na yarda suna linzami ne

Akwai fagen da sunan wuri ke yin ɓarna ta gaske, shi ne cuta. A 1969 aka gano wani zazzaɓi a garin Lassa da ke kudancin Borno, aka sa masa sunan garin. Yau jihohin da cutar ta fi addaba su ne irin su Ondo da Edo da Bauci, amma duk duniya in aka ce Lassa ba gari ake tunawa ba. Da masana ƙwayoyin bairas suka koma tsarin kalma biyu a 'yan shekarun nan, sai aka ɗinka wa sunan rigar Latinanci, ya zama Mammarenavirus lassaense. Ɓeran da ke ɗauke da ƙwayar kuwa Mastomys natalensis ne, na Natal a Afirka ta Kudu. Kurkunu, wadda aka tabbatar Najeriya da Nijar sun rabu da ita a 2013, Turawa da Gini suke danganta ta a bakinsu, a Latinanci kuma medinensis ce, ta Madina.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da shawara a 2015 cewa a daina sa wa sababbin cututtuka sunan gari ko ƙasa ko al'umma. Daidai ne, kuma an makara. Sai dai wannan magana ce ta abin da za a raɗa gobe, kuma ta cuta ce, inda suna ke korar baƙi da 'yan kasuwa. Babu wanda ya fasa zuwa Dakar saboda gwandar daji.

"Za su cinye mana haƙƙi"

Wasu tsoronsu na kuɗi ne. In gobe wani kamfani ya haɗa magani daga sabara ko anza, ita ma Boscia senegalensis ce, wadda ta ceci rayuka a Damagaram a shekarun yunwa, ba Senegal za a biya ba?

A'a. Yarjejeniyar kare halittu ta Riyo ta 1992, da ƙarin da aka yi mata a Nagoya a 2010, sun ɗora haƙƙi ne a kan ƙasar da aka ɗebi abin a cikinta da al'ummar da aka ɗauki iliminta. Ba ruwansu da laƙabin Latinanci. Wanda ya ɗebi sabara a Gumel, da hukumomin Najeriya zai yi magana. In an cuce mu a nan, rashin rubuta abin da muka sani ne da rashin sa ido zai jawo, ba Gmelin, masanin da ya raɗa wa sabara suna, wanda ya rasu tun 1804 ba.

Ƙaro ya isa misali. Itacensa, dakwara, yanzu Senegalia senegal take, Senegal sau biyu a suna ɗaya. A kasuwar duniya kuma da Larabawa ake danganta shi. Amma kowa a harkar ya san Sudan ce uwa, sai Cadi da Najeriya, daga dazukan Yobe da Borno da Jigawa. Dillalin da ke saye bai taɓa zuwa Dakar neman abin da ke Gashuwa ba.

In ma sunan da ke cin haƙƙi ake nema, na kasuwa ne, ba na littafi ba. Fatar jar akuyar Sakkwato da Maraɗi, wadda majemanmu suka jeme, ta ƙetare Sahara ta shiga Turai da sunan fatar Maroko tsawon ƙarnoni, don ta hannun 'yan kasuwar arewacin Afirka ta bi. Wannan ita ce asarar da ta taɓa aljihu, kuma ba Latinanci a cikinta ko harafi ɗaya.

Mu ma kuma ba mu da bakin magana sosai. Masara da Masar muka danganta ta, don ta wannan hanya ta iso mana, alhali a Meziko aka fara noma ta. Dankalin da muke bugun ƙirji muna ce wa na Hausa, daga nahiyar Amurka ya zo, kamar ɗan uwansa na Turawa. Kowace al'umma tana sa wa abu sunan ƙofar da ya shigo mata. Bambancin kawai shi ne su sun rubuta nasu, duniya ta ɗauka.

Ƙofar ba a rufe take ba

Abin da mai rubutun Facebook bai sani ba shi ne Hausa ma ta shiga Latinancin nan. Doka, itacen da ya cika dazukan Zazzau, Isoberlinia doka yake. Iburu, ɗan uwan acca, Digitaria iburua ne tun 1915. Hakan ya faru ne don masu tattarawa a farkon ƙarni na 20 sun tambayi mutanen gari suka rubuta abin da aka faɗa musu a jikin takardar samfurin. Wani likita, J. M. Dalziel, ya wallafa jerin sunayen tsirrai na Hausa a 1916, kuma har yau masu bincike na komawa gare shi. Hano yana ɗauke da sunansa, Boswellia dalzielii. Abin tambaya shi ne sunayen mahauta da maharba da ungozomomin da suka koya masa fa? Ba a rubuta ba. In akwai rashin adalci a wannan tarihi, a nan yake, ba a senegalensis ba.

Wurarenmu ma suna shiga duk lokacin da aka yi aikin a cikinsu. Akwai tsuntsu ibadanensis da aka bayyana a 1958. Ƙasusuwan hamadar Nijar sun ba duniya tenerensis daga Tenere da tiguidensis daga dutsen Tigidit. Ƙoƙon kan da wani ɗan Cadi ya tsinta a hamadar Jurab a 2001, wanda ake lissafawa cikin mafi daɗewa a tarihin ɗan Adam, tchadensis ne. Ƙa'idar da ta ba Senegal madaci ita ce dai ta ba Goronyo dabbarta.

Kuma sharuɗɗan sun yi sauƙi. Daga 1 ga Janairun 2012, mai bayyana sabon tsiro ba dole ne ya rubuta bayaninsa da Latinanci ba, Turanci ya wadatar, kuma mujallar intanet ta halatta. Abin da ya rage shi ne ka samo abin da ba a taɓa rubutawa ba, ka gwada shi da waɗanda aka sani, ka ajiye samfurin shaida a rumbun adana busassun tsirrai, ka wallafa. Sunan kuwa naka ne ka zaɓa: kanoensis, ko sunan ƙauyenku, ko sunan tsohuwar da ta nuna maka ganyen. Manyan itatuwa an gama da su, amma ciyayi, ƙwari, naman kaza, ƙananan kifaye na fadamun Haɗeja da Nguru, da abin da ke maƙale a duwatsun Jos da Mambila da Abzin, aiki ne da zai ci rayuwar mutane da yawa.

A nan ne maganar take da ɗaci. Muna da rumbunan, akwai na cibiyar binciken gandun daji a Ibadan, akwai na jami'ar Zariya, akwai wasu. Amma ɗalibi nawa ne ke zaɓar wannan fanni? Iyaye likita suke so, ko injiniya. Wanda ya karanta ilimin tsirrai sau da yawa tura shi aka yi don bai samu gurbin da ya nema ba, kuma aikin kammala karatunsa yawanci tatsar ruwan ganye ne a ɗiga wa ƙwayar cuta a faranti, abin da aka maimaita har ya gundura. Kuɗin mota zuwa daji babu, wasu dazukan ma yanzu ba sa shiguwa saboda 'yan bindiga. Mai son tabbatar da cewa abin da ya samo sabo ne, sau da yawa sai ya nemi hoton samfurin da ke Kew a Ingila ko a Faris, don can aka kai na asali.

Ga malaman sakandare da na kwalejojin aikin gona, abin da nake roƙo minti biyar ne. Ranar da za a rubuta Khaya senegalensis a allo, a rubuta madaci a gefensa, a faɗa wa yara wanda ya raɗa sunan, da inda samfurin ya fito, da inda itacen yake a zahiri. A ba su tsamiya da darbejiya su gwada, su ga indica ɗaya ta yi gaskiya ɗaya ta yi kuskure. Allunan da ake maƙala wa itatuwa a harabar makarantu da gidajen zu su ɗauki sunan gida a sama, na Latinanci a ƙasa.

Akwai dalilin da ya sa nake ganin abin na gaggawa ne. Madaci yana cikin jerin itatuwan da Ƙungiyar Kare Halittu ta Duniya ta ce suna fuskantar barazana, saboda sara don katako da kuma masu sassaƙe da ke zagaye gindinsa su kwashe ɓawon har ya bushe a tsaye. A arewacin Ostireliya kuwa gonaki ake yi masa don katako. Manomin da malamin gona ya gaya wa cewa itacen nan baƙo ne daga Senegal, da wuya ya tsaya yi wa mai gatari faɗa a kansa.